Tumadir (sunan mace)

Tumadir (da Larabci: تُماضِر) sunan mata ne na Larabawa, tsoho ƙwarai, wanda ya girmi zuwan Musulunci. Ba kasafai ake jin sa ba a yau, ko a ƙasashen Larabawan ma. Duk da haka da wuya a sami ɗalibin adabin Larabci da bai taɓa karanta waƙar wata Tumadir ba, ko da bai san sunanta ke nan ba, domin shi ne sunan da iyaye suka raɗa wa Khansa'u, mawaƙiyar Banu Sulaim, kafin laƙabi ya danne shi. Da boko ana rubuta shi Tumadir, Tumadur, Tamadur ko Tomader, gwargwadon bakin ƙasar da aka ji shi.

Asalin kalmar

Mafi yawan malaman luga sun mayar da sunan ga tushe mai baƙaƙe uku: mimun, lodi da ra. Wannan tushe na nono ne. Idan Balarabe ya ce "madaral labanu", yana nufin nono ya fara tsami har yana cizon harshe, tun bai gama kamawa ba. Irin wannan nonon shi ake kira "madir". Kunnen Bahaushe zai jiyo kalmar madara a ciki, sai dai ma'anar ta saɓa: tamu madarar ita ce wadda aka tatsa yanzu, tasu kuwa wadda ta kwana ce, ta fi kusa da kindirmo.

Ibn Manzur (ya rasu 711 Hijira, 1311 Miladiyya) ya kawo sunan a ƙarƙashin wannan tushe cikin ƙamusunsa Lisanul Arab, ya kuma naƙalto daga Ibn Duraid (ya rasu 321 Hijira) cewa yana zaton daga nonon nan mai tsami aka samo shi. Abin lura, zato Ibn Duraid ya ce, bai yanke ba.

Wanda bai san zaman sahara ba zai yi mamakin a raɗa wa ɗiya sunan nono mai tsami. Ga makiyayin raƙuma kuwa nono shi ne ci, shi ne sha, shi ne abin tarbar baƙo, kuma da shi ake misalta fari. Daga wannan tushen ne aka samu Mudar ɗan Nizar ɗan Ma'addu ɗan Adnan, kakan Ƙuraishawa da manyan ƙabilun arewacin Larabawa, wanda ke cikin jerin nasabar Annabi (SAW). An ce an kira shi haka saboda son nono mai tsami, an kuma ce saboda hasken fatarsa. Haka nan "madira", naman da ake dafawa da nono mai tsami, abincin da ya yi tashe a gidajen masu hali zamanin Abbasiyawa.

Tushen yana da wani reshe da ya shafi ɗanyen abu. Larabawa kan haɗa "khadir" da "madir" su siffanta tsiro mai kore shar, ko rayuwa mai daɗi da yalwa. Sukan kuma yi wa mutum addu'a da wata siga ta kalmar, cewa Allah Ya daɗaɗa yabon da ake yi masa. Daga waɗannan rassa ne littattafan sunaye na zamani suke fitar da fassarori irin su fara mai haske, ɗanyen reshe, mai jin daɗin rayuwa, ko wadda ake yabo. Dukkansu suna da madogara a luga, amma nonon ne tsoffin malamai suka fara ambata.

Saɓanin masu nahawu

Wasu suna ganin asalin kalmar fi'ili ce mudari'i da aka mayar suna, kamar Yazidu da Taglibu da Yashkuru, don haka ta'in farkonta ƙari ce. Ibn Jinni (ya rasu 392 Hijira) ya tafi a kan cewa ta'in na jikin kalmar ce, mai baƙaƙe huɗu, wanda idan aka bi shi alaƙar sunan da nono ta raunana. Ɓangarorin biyu sun haɗu a kan cewa sunan ba ya karɓar tanwini, kuma fataha yake ɗauka a gurbin kisira.

Matar Zuhairu

Tumadir ta farko da labarai suka riƙe ita ce 'yar Sharid, ita ma Basulaimiya, matar Zuhairu ɗan Jazima shugaban Banu Absi, wanda ya rayu wajen tsakiyar ƙarni na 6 na Miladiyya. Ita ce mahaifiyar Ƙaisu ɗan Zuhairu, mai dokin nan Dahis da tserensa ya haddasa yaƙin Dahis da Gabra tsakanin Absi da Zubyan.

Masu labaran tsofaffin yaƙe-yaƙen Larabawa sun ba da wani labari da nono ya shigo ciki. Zuhairu ya sauka da iyalinsa nesa da jama'arsa, alhali Banu Amir na neman sa ruwa a jallo. Sai ɗan'uwan Tumadir, Harisu, ya zo ziyara. 'Ya'yan Zuhairu suka ji tsoron zai kai labari, suka sa shi ya rantse ba zai faɗa wa kowa inda suke ba, suka yi masa guzurin nono a salka. Da ya isa inda Banu Amir suke bai ce musu uffan ba. Ya tsaya gindin wata bishiya, ya zuba mata nonon, ya ce ta sha ta ji ɗanɗanonsa. Mutanen suka gane an ɗaure bakinsa da rantsuwa ne, suka ɗanɗana, suka ji nonon da sauran zaƙinsa, bai fara tsami ba. Suka san ke nan inda aka tatso shi ba nisa. A wannan hari, da ake kira ranar Nafrawat, Khalid ɗan Ja'afar ya kashe Zuhairu. Saboda kamannin suna da ƙabila, wasu marubuta kan rikita wannan Tumadir da Khansa'u, alhali matar Zuhairu ta riga ta da tazara.

Khansa'u

Ita ce Tumadir 'yar Amru, daga gidan Sharid na Banu Sulaim, ƙabilar da ke zaune tsakanin Najdu da Hijaz, kuma reshe ce ta Mudar ta wajen Ƙaisu Ailan. Ana kyautata zaton an haife ta wajen shekara ta 575 Miladiyya. Khansa'u laƙabi ne na mai gajeren hanci da ya ɗan ɗaga sama, siffar da Larabawa ke ba barewa da saniyar daji, kuma yabon kyau ne.

Babbar shaidar ainihin sunanta ta fito daga bakin wanda ta ƙi aure. Duraidu ɗan Simma, jarumin Banu Jusham kuma mawaƙi, ya hango ta tana shafa wa raƙuman gidansu kwalta saboda ƙazuwa, ta burge shi, ya yi waƙar da ya buɗe da "Hayyu Tumadira", wato ku gai da Tumadir, ku dakata abokaina. A baiti na gaba ya kira ta Khunas, sai waƙar ta haɗa suna da laƙabi wuri guda. Da ya je neman aurenta mahaifinta ya karrama shi, amma ya ce sai an ji ta bakinta. Ta ce ba za ta bar 'ya'yan baffanninta masu kama da tsinin masu ba, ta auri tsohon da ko yau ko gobe. Duraidu dai ya yi tsawon rai har yaƙin Hunaini, shekara ta 8 bayan Hijira, inda aka kashe shi yana tsoho tukuf. Ita kuwa a cikin danginta ta yi aure, kuma cikin mazajenta akwai Mirdasu ɗan Abu Amir. 'Yarta Amra ma ta yi waƙa.

An ce da fari baiti biyu ko uku take yi. Mutuwar 'yan'uwanta ce ta buɗe bakinta. Mu'awiya aka fara kashewa, a hannun 'ya'yan Harmala na Banu Murra, wajen shekara ta 612. Sakhru ya ɗaukar masa fansa, daga baya shi ma wani mutumin Banu Asad ya soke shi da mashi a wani hari, ya yi jinya kusan shekara guda, ya rasu wajen 615. Shi ne wanda ta fi yi wa kuka. A wata waƙa ta ce fitowar rana tana tuna mata Sakhru, kuma tana tuna shi duk faɗuwar rana. Masu sharhi suka ce safiya lokacin kai hari ce, maraice kuma lokacin saukar baƙi, wato da baiti ɗaya ta yabe shi da jarumta da kyauta. A wata kuma ta ce masu nuna hanya ma da Sakhru suke koyi, kamar dutse ne mai wuta a ƙololuwarsa. Har yau idan Larabawa za su ce abu ya shahara, wuta a kan dutse suke ambata.

A kasuwar Ukaz ta rera waƙa gaban Nabigatu na Zubyan, alƙalin mawaƙa, wanda ake kafa wa jar rumfar fata. An ruwaito ya ce mata ba don mawaƙi A'asha ya riga ta rerawa ba, da ya fifita ta a kan duk wanda ya zo.

Ta musulunta tare da mutanenta wajen shekara ta 8 bayan Hijira. Littattafan tarihin sahabbai sun kawo cewa Annabi (SAW) yakan nemi ta rera, yana ce mata ta ƙaro, ya Khunas. Musulunci bai raba ta da baƙin cikinta ba. An ruwaito Nana A'isha ta gan ta sanye da rigar gashi ta makoki, ta yi mata magana. Sai ta ba ta labarin cewa mijinta almubazzari ne, duk lokacin da ya ƙarar da dukiya takan je wurin Sakhru, shi kuwa ya raba tasa biyu ya ba ta rabin da ya fi kyau, ba sau ɗaya ba, ba sau biyu ba. Da matarsa ta yi ƙorafi, ya ce ai in ya mutu wannan ce za ta yage mayafinta ta sa rigar gashi dominsa.

Labarin da aka fi yi wa yara shi ne na yaƙin Ƙadisiyya, wajen shekara ta 636 Miladiyya: 'ya'yanta huɗu suka yi shahada rana ɗaya, ta gode wa Allah da Ya ɗaukaka ta da kisansu. Wasu masu bincike sun soki isnadinsa, suna ganin na wata mace ce daban.

Shekarar rasuwarta ma an saɓa. Wasu sun ce 24 Hijira (645), wasu sun kai ta zamanin mulkin Halifa Mu'awiya ɗan Abu Sufyan. An buga diwaninta a Bairut a ƙarshen ƙarni na 19.

Tumadir 'yar Asbagu da mas'alar gado

Idan Khansa'u ta kai sunan cikin adabi, wannan ita ta kai shi cikin fiƙihu. A watan Sha'aban na shekara ta 6 bayan Hijira, Annabi (SAW) ya tura Abdurrahman ɗan Aufu da mutum ɗari bakwai zuwa Dumatul Jandal, a yankin Jauf na arewacin Saudiyya ta yau, ya umarce shi in sun amsa kira ya auri 'yar shugabansu. Shugaban, Asbagu ɗan Amru na ƙabilar Kalbu, Kirista ne, ya musulunta. Abdurrahman ya auri 'yarsa Tumadir ya zo da ita Madina. An ce ita ce Bakalbiya ta farko da Baƙuraishe ya aura. Ita ta haifi Abu Salama, ɗaya daga cikin manyan malaman tabi'ai na Madina, wanda wasu ke lissafawa cikin faƙihai bakwai.

A ciwon da ya zama ajalinsa, wajen shekara ta 32 Hijira, Abdurrahman ya sake ta sakin da babu damar kome a cikinsa. Da ya rasu, Halifa Usman ɗan Affan ya ba ta gado. A ruwayar Muwaɗɗa ta Imamu Malik, bayan ta gama idda ne ma aka ba ta. An sasanta da ita a kan kasonta na tumunin takaba, wato rubu'insa, a kan kuɗin da ruwayoyi suka ce dubu tamanin ne ko sama da haka, abin da ke nuna girman dukiyar mamacin.

Wannan hukunci shi ne ginshiƙin babin sakin majinyaci, wanda ake tuhuma da nufin hana mace gado. Malikawa suka ce tana gado ko ta gama idda, ko ma ta yi wani aure, matuƙar a wannan ciwon ya mutu. Hanafawa suka taƙaita shi ga cikin idda, Hambalawa suka ce sai in ba ta sake aure ba, Shafi'i a sabon ra'ayinsa ya ce ba ta gado. Tun zamanin sahabbai Abdullahi ɗan Zubairu ya saɓa wa Usman a kai. Duk almajirin da ya karanta Risala a zaure ya wuce ta kan wannan hukunci, ko da ba a ambata masa sunan matar ba.

Wasu masu sunan

Tumadir 'yar Manzuru ta Banu Fazara matar Abdullahi ɗan Zubairu ce, mahaifiyar 'ya'yansa Khubaibu da Hamza. Sunan ya kuma fito a farkon wata waƙa ta cikin Hamasa, tarin waƙoƙin da Abu Tammam ya haɗa, inda wani mawaƙin Banu Dabba ke zancen matarsa da ta yi nisa da shi.

Furuci da amfani a yau

Baƙin da ke tsakiyar sunan shi ne wanda Hausa ta saba mayarwa "l", kamar a alƙali, farilla, alwala da Ramalan, don haka mai karatun zaure zai iya furta shi Tumaliru. A ƙasar Hausa laƙabin Khansa'u ya fi sunan sanuwa. Ana samun masu sunan a Sudan da Masar da ƙasashen yankin Galf, cikinsu akwai Tumadir Taufiƙ, wadda ta shugabanci gidan talabijin na Masar, da Tumadir Ar-Rammah, wadda aka naɗa mataimakiyar ministan ƙwadago ta Saudiyya a watan Fabrairu na 2018.