Waiwaye: Yadda Akidar "Ƙarfin Rai" Ta Tashi Ta Kuma Faɗi a Kimiyyar Halittu

Ɗaliban kemistiri da yawa sun haddace labarin nan: a 1828 wani Bajamushe, Friedrich Wöhler, ya haɗa yuriya, sinadarin da ke cikin fitsari, a ɗakin gwaje-gwaje, shi ke nan akidar cewa masu rai suna da wani ƙarfi na musamman ta mutu. Labarin yana da sauƙin koyarwa, amma masana tarihin kimiyya sun daɗe da nuna cewa ba haka aka yi ba. Akidar, wadda Turawa ke kira vitalism, ta ƙara fiye da shekara 80 tana da magoya baya cikin manyan masu bincike, kuma ba gwaji ɗaya ne ya kayar da ita ba.

Da'awarta ita ce dokokin fiziks da kemistiri su kaɗai ba za su iya bayyana abin da mai rai ke yi ba, sai an ƙara wani abu. Batun ruhu da addini ya yi magana a kansa daban ne. Gardamar masana ta tsaya ne a kan abin da ake gani ana aunawa: me ke sa rauni ya warke, ƙwai ya zama tsako, nama ya ƙi ruɓewa muddin dabbar tana numfashi?

Asalin zancen tsoho ne. Aristotle ya kasa nafsi gida uku, na tsirrai da na dabbobi da na mai hankali, Ibn Sina kuma ya bi wannan kasafi a Kitab al-Shifa', don haka wanda ya karanta littattafan falsafa na Larabci ba zai ji baƙon abu ba. Rigimar zamani ta soma ne da René Descartes, wanda ya ce jikin dabba inji ne kawai. Georg Ernst Stahl, likita a jami'ar Halle, ya mayar da martani a Theoria medica vera na 1708 da hujja mai sauƙi: jiki an gina shi da abubuwa masu saurin lalacewa, amma yakan yi shekaru bai lalace ba, da mutuwa ta zo kuwa cikin kwanaki ya ruɓe. Ke nan akwai mai tsare shi.

A ƙarni na 18 hujjoji suka yi ta taruwa. Abraham Trembley ya yayyanka wata 'yar halittar ruwa, haidira, kowane yanki ya sake zama cikakkiyar halitta, ya buga sakamakon a 1744. Babu agogon da zai yi haka. Likitocin Montpellier a Faransa, musamman Paul-Joseph Barthez a littafinsa na 1778, suka ce a yi yadda Newton ya yi da ƙarfin janyowa: a sa wa sanadin suna, a nazarci dokokinsa, ba sai an san haƙiƙaninsa ba. Littafin Elizabeth Williams na 2003 kan tarihin wannan makaranta ya nuna cewa mutanen likitoci ne masu lura da majinyata, ba masu gudun gwaji ba. Daga wannan tsatso Xavier Bichat ya fito, wanda a 1800 ya siffanta rayuwa da jimillar ayyukan jiki masu bijire wa mutuwa.

To me Wöhler ya yi? Nufinsa ya sami gishirin amoniyam sayanet. Ya haɗa silba sayanet da amoniyam kulorayid a ruwa, ya tace, ya ƙafe ruwan, sai ga wani farin abu mai kama da gishiri wanda halinsa ya yi daidai da yuriyar fitsari, ita ce dai yau manoma ke saye a buhu. Ya rubuta wa malaminsa Berzelius cewa ya iya yin yuriya ba tare da ƙoda ba. Sai dai abin da ya fi ɗaukar hankalin masana a lokacin shi ne yadda sinadarai biyu masu ƙunshiya ɗaya suka bambanta a hali. Bayan haka, sayanet ɗin kansa daga busasshen jini da ƙaho da kofato ake samo shi, saboda haka mai akidar ƙarfin rai yana da mafaka. Yuriya kuma shara ce da jiki ke fitarwa, haɗa ta bai nuna yadda ƙoda ke tsira ba. Douglas McKie ya warware tatsuniyar a mujallar Nature a 1944, Peter Ramberg ya bi sawunta cikin littattafan makaranta a 2000.

Abin da ya ci akidar sannu a hankali shi ne awo. Hermann Kolbe ya haɗa asid ɗin binega daga abubuwan da ba su taɓa rai ba a 1845. Hermann Helmholtz ya auna gudun saƙo a jijiyar kwaɗo a 1850, ya samu tsakanin mita 25 zuwa 40 a daƙiƙa, alhali malaminsa Johannes Müller yana ganin da wuya a taɓa auna shi. Max Rubner ya sa karnuka cikin na'urar auna zafi, a 1894 ya nuna zafin da suke fitarwa ya yi daidai da kuzarin abincin da suka ƙona. Babu rarar da za a danganta ga wani ɓoyayyen ƙarfi.

Gwajin Eduard Buchner na 1897 ya fi cancantar sunan da aka ba na Wöhler. Louis Pasteur ya tsaya a kan cewa sai da ƙwayar yis mai rai sukari ke zama barasa. Buchner ya niƙa kilo 1 na yis da kilo 1 na yashi da giram 250 na wata farar ƙasa mai tsotse ruwa, ya naɗe a ƙyalle, ya matse da injin matsa mai ƙarfin gaske, ya sami kimanin rabin lita na ruwa marar ƙwaya ko ɗaya. Da aka zuba sukari mai yawa, cikin sa'a guda ruwan ya fara kumfa. Farar ƙasar ce sirrin: ita ta sa ƙullun ya yi taurin da zai matsu. Buchner ya sami kyautar Nobel a 1907.

Duk da haka akidar ta farfaɗo, daga nazarin tayi. A 1888 Wilhelm Roux ya ɗauki ƙwan kwaɗo da ya rabu ƙwaya biyu, ya kashe ɗaya da allura mai zafi, ɗayar ta ba da rabin tayi. Ya fahimci cewa tun rabuwar farko an raba wa kowace ƙwaya aikinta, kamar sassan inji. A 1891 Hans Driesch ya gwada da ƙwan bushiyar teku, wata dabbar ruwa mai ƙayoyi, ya zuba su a ƙaramar kwalba ya girgiza da ƙarfi har ƙwayoyin biyu suka rabu. Rabin tayi yake jira. Kowace ta ba da cikakkiyar tsutsa, ƙarama dai amma ba abin da ya ragu. Daga baya aka gano inda gwajin Roux ya sami matsala: matacciyar ƙwayar tana nan manne, mai ran tana ci gaba kamar abokiyarta na nan. Da aka cire ta gaba ɗaya, kwaɗo ma kan ba da cikakken tayi.

Driesch ya yi shekaru a tashar binciken halittun ruwa ta Naples yana neman bayani, a ƙarshe ya yanke cewa babu injin da za a raba biyu kowane ɓangare ya zama cikakke, ya aro kalmar Aristotle, entelechy, ya sa wa mai tsara tayin. Laccocinsa na Aberdeen na 1907 da 1908 sun zama The Science and Philosophy of the Organism, littafin da ya kamata a karanta saboda gwaje-gwajen da ke cikinsa. Tarihin akidar da ya rubuta, wanda ya fito da Turanci a 1914, sai an yi hattara da shi, domin yana jera magabata ne yadda duk za su biyo ta kansa. Raunin matsayinsa a fili yake: ya ce abin ba shi da wuri, ba shi da kuzari, ba ya aunuwa, to ba gwajin da zai gaskata shi ko ya ƙaryata. Daga baya Sven Hörstadius na Suwidin ya yanka tayin bushiyar teku mai ƙwaya 8 a kwance, ya raba sama da ƙasa, ba rabin da ya cika. Ashe akwai sinadarai da suka jeru daga sama zuwa ƙasan ƙwan, rabuwar da Driesch ya yi a tsaye ce, ta ba kowace ƙwaya rabonta daga duka biyun.

Bayan Driesch masana irin su J. H. Woodger, a Biological Principles na 1929, suka yar da ɓoyayyen ƙarfin suka riƙe tambayar tsari. Francis Crick ya yi wa akidar kaca-kaca a Of Molecules and Men na 1966. Hukuncin Ernst Mayr a This Is Biology na 1997 ya fi adalci: sukar da masu akidar suka yi wa misalin inji daidai ce, maganin da suka kawo ne kuskure. Georges Canguilhem, a La connaissance de la vie na 1952, ya ɗauke ta a matsayin neman a ba mai rai haƙƙinsa a bincike, fiye da zamanta nazariyya.

Aikin cibiyar Craig Venter a Amurka ya nuna inda aka kai. A 2010 sun haɗa cikakken kundin gadon wata bakteriya, harafi fiye da miliyan 1, a ɗakin gwaje-gwaje, amma sai da suka dasa shi cikin ƙwaya mai rai kafin ya yi aiki. A 2016 suka rage shi zuwa ƙwayoyin gado 473, mafi ƙarancin da suka ga ƙwayar na iya rayuwa da hayayyafa da shi, kuma 149 daga ciki a lokacin ba su san aikinsu ba.