Rabon Alhaki da Diyya a Haɗarin Motoci da Yawa a Zamfara

Rabon alhaki shi ne tantance kason laifin kowane ɓangare idan motoci biyu ko fiye suka yi haɗarin da aka rasa rai, domin a san wanda zai biya diyya da nawa zai biya. A Zamfara, inda dokar laifuffuka ta shari'ar Musulunci ta fara aiki ranar 27 ga Janairu 2000 a zamanin Gwamna Ahmad Sani Yariman Bakura, alƙalai na duba batun da fiƙihun Malikiyya, ga kuma dokokin tarayya na hanya da na inshora suna aiki a gefe.

Asali a fiƙihu

Mutuwa a haɗarin mota kisan kuskure ne, muddin ba a tabbatar da niyya ba. Aya ta 92 a Suratun Nisa'i ta ɗora abu biyu: diyya ga iyalin mamaci, sai in sun yafe, da kaffara, wadda a yau azumin wata biyu ce a jere. Cikakkiyar diyya raƙuma 100 ce, ko dinari 1,000 na zinare, ko dirhami 12,000 na azurfa. A ma'aunin giram 4.25 ga dinari, zinare giram 4,250 ke nan, shi ya sa adadinta a naira ke hawa da sauka da kasuwar zinare. Ba wanda ya yi kisan ne ke biya shi kaɗai ba: aƙilarsa, wato danginsa maza ta wajen uba, su ke ɗauka a cikin shekara 3.

Malaman farko ba su ga tirela ba, amma sun san karo. Risala ta Ibn Abi Zaid ta ce mahayin dabba da mai janta da mai korarta duk suna lamunin abin da ta taka. An ruwaito daga Imamu Malik cewa in mahaya dawaki biyu suka yi karo suka mutu, diyyar kowane tana kan aƙilar ɗayan, kuɗin doki kuwa daga dukiyar ɗayan za a fitar. Shafi'iyya sun ce rabin diyya ne, tunda kowane yana da hannu a mutuwar kansa. Jiragen ruwa biyu da iska ta fi ƙarfin matuƙansu kuwa, babu lamuni.

Yadda ake rabawa

Majalisar Fiƙihu ta ƙungiyar ƙasashen Musulmi, a zamanta na 8 a Burunai cikin Yunin 1993, ta fitar da ƙuduri mai lamba 71 kan haɗurran hanya. Ta ce bin dokar hanya wajibi ne, kuma direba na ɗaukar ɓarnar da ya yi sai in abin ya fi ƙarfinsa, ko wanda aka buge ne ya jawo, ko wani na uku. In ɓangarori suka yi tarayya, kowa ya ɗauka gwargwadon tasirinsa. In an kasa bambancewa, a raba daidai.

A ɗauki misali a hanyar Gusau zuwa Funtuwa. Babbar mota ƙirar Daf ta lalace a kwana da dare kusa da Tsafe, direban bai kunna fitila ba, yaron mota bai ko jera ganye a kwalta ba. Bas ta taho da gudun wuce sa'a, ta kauce mata, ta yi taho-mu-gama da ƙaramar mota mai ido ɗaya, fasinja 3 suka rasu. Jama'ar da suka taru za su ce mai bas ne, don shi ya buga. Alƙali zai tambayi wa ya tare hanya, wa ya yi gudu, wa ya fito da fitila ɗaya. Yana iya ɗora wa mai daf rabi, ya raba sauran tsakanin biyun, kuma wannan kason ne kowa zai biya daga diyyar kowane mamaci. A nan zanen wurin haɗari da 'yan sanda suka yi, da rahoton jami'an duba lafiyar mota, da shaidar Hukumar Kiyaye Haɗurra da aka kafa a 1988, suke da nauyi. Abin takaici, sau da yawa an janye motocin tun kafin a auna sawun birki.

Kaffara ba ta rabuwa. A wajen jumhurin malamai, duk mai hannu zai yi wata biyu cikakku a kan kowane rai, ko da kasonsa na diyya kaɗan ne. Mai shanun da ya saki garke kan titi da sakaci shi ma yana shiga lissafi.

Inshora

Tun dokar 1945 aka wajabta wa masu mota a Najeriya inshorar kare wanda aka yi wa ɓarna. Daga 1 ga Janairu 2023 hukumar kula da inshora ta ƙasa, NAICOM, ta mai da kuɗinta na motar gida naira 15,000 daga 5,000, iyakar biyan ɓarnar dukiya kuma naira miliyan 3. Direbobi da yawa takarda kawai suka ɗauke ta, ta nuna wa jami'i a shinge, ba sa tunawa da ita ranar da aka yi rashi. Masu ƙyamar inshorar gargajiya suna da takaful, wato inshorar Musulunci, wanda ya fi kusa da tsarin aƙila.

Sulhu da yafiya

Sau da yawa magana ba ta kaiwa gaban alƙali. Shugabannin tasha da mai mota su je ta'aziyya, a zauna a zauren hakimi ko gaban liman, dattijon gida ya ce ƙaddara ce, sun bar wa Allah. Yafiya halal ce, Alƙur'ani ma ya kira ta sadaka. Sai dai diyya gado ce, ana raba ta kamar sauran dukiyar mamaci, matarsa ma tana da kasonta. Baligi na iya yafe nasa kason kaɗai. Baffa ba shi da ikon yafe na maraya, ko na matar da ke cikin takaba ba a ko tambaye ta ba. Yafiyar magada kuma ba ta sauke azumin kaffara, ba ta hana hukuma hukunta tuƙin ganganci. In direban da ya yi kuskuren yana cikin magadan mamacin, kamar ɗan da ya ɗauko mahaifinsa, Malikiyya sun ce zai gaji dukiya, amma ba zai ci komai daga diyya ba.