Ƙarar sakamakon wasannin makarantu a kotunan Amurka

Ƙarar sakamakon wasa ita ce shari'ar da makaranta ko iyayen ɗalibai ke shigarwa don a soke sakamakon gasa ko a maimaita ta, saboda kuskuren alƙalin wasa. An fi samunta a Amurka, inda kowace jiha ke da hukumar wasannin sakandare, kuma gasar ƙwallon ƙafar Amurka da ta kwando kan tara jama'ar gari kaf. Kusan dukkan hukumomin nan sun rubuta a dokokinsu cewa hukuncin alƙalin wasa shi ne na ƙarshe. Kotuna ma galibi sun tsaya a kan haka, ko da hukumar ta amsa da bakinta cewa an yi kuskure.

Shari'ar Jojiya, 1981

Wannan ce aka fi kafa hujja da ita. A watan Oktoba na 1981 makarantar Osborne ta kara da Lithia Springs a ƙwallon ƙafar Amurka. Osborne na gaba da maki 7 da 6, saura minti 7 da daƙiƙa 1 a tashi, sai wani ɗan wasan Lithia Springs ya banke mai buga wa Osborne ƙwallo. A ƙa'ida, hukuncin wannan laifi shi ne a matsar da Osborne gaba yadi 15, a kuma sabunta mata damar kai hari. Alƙalin ya ba da yadin, bai sabunta damar ba. Ƙwallo ta koma hannun Lithia Springs, ta yi nasara 16 da 7.

Iyayen 'yan wasan Osborne suka garzaya kotun gundumar Cobb. Kotun ta ba su gaskiya, ta umarci a koma fili a ɗora daga daidai lokacin da aka yi kuskuren. Kafin ranar ta zo, Kotun Ƙoli ta Jojiya ta dakatar da umarnin a watan Nuwamba, tana cewa kotu ba ta da hurumin duba hukuncin alƙalin wasa, domin ba irin rigimar da shari'a ke rabawa ba ce.

Oklahoma, 2014

A ƙarshen Nuwamba 2014, a ƙwallon ƙafar Amurka, makarantar Douglass ta birnin Oklahoma ta ci makin da zai ba ta nasara kan Locust Grove, saura kamar minti ɗaya. Alƙalan wasa suka soke makin saboda laifin da wani daga ɓangaren Douglass ya yi a bakin fili, alhali ƙa'ida ta ce makin ya tsaya, a yanke hukuncin yadi 5 daga baya. Douglass ta faɗi 20 da 19. Hukumar jihar ta nemi afuwa amma ta ƙi maimaita wasan. Hukumar makarantun birnin ta kai ƙara, aka ɗage wasan zagaye na gaba. A watan Disamba Mai Shari'a Bernard Jones ya ƙi buƙatar, yana gargaɗin cewa idan kotu ta buɗe wannan ƙofa, kowace ƙungiyar da ta sha kaye za ta biyo. Yaran Douglass dai ba su yi laifin komai a cikin fili ba, kuma su ne suka yi asarar kakar.

Sauran ƙararraki

A Ilinoi a 2016, a ƙwallon ƙafar Amurka, alƙalan wasa sun ba Plainfield North ƙarin dama bayan lokaci ya cika, ta farke, ta doke Fenwick 18 da 17. Kotun gundumar Cook ta ƙi sauya sakamakon. A Niyu Jasi a Maris 2024, an soke ƙwallon kwandon da Manasquan ta jefa kafin ƙararrawar tashi, Camden ta wuce da 46 da 45. Bidiyo ya nuna ƙwallon ta bar hannu a kan lokaci, hukumar ta amsa kuskure, kotu ta ƙi sa baki.

Saɓani

Masu goyon bayan kotuna na cewa gasa ba za ta ƙare ba idan kowane busa sai an kai shi kotu. Masu suka na bambanta kuskuren gani da kuskuren aiki da ƙa'ida, suna cewa na biyun ya cancanci gyara.