Haɗin ɗinki: ire-irensa, ƙa'idojinsa da abin da aka rubuta a kansa

Haɗin ɗinki shi ne layin da allura da zare suka gama ƙyalle biyu ko fiye su zama tufa ɗaya. A nan riga ke fara farkewa, galibi a hammata, bakin aljihu ko tsakiyar wando. Telolin Bauchi da Gombe suna koyon wannan sana'a ne a gaban maigida, da ido da hannu, amma kusan duk abin da maigida ke nuna wa yaron shago an rubuta shi a littattafan ɗinki da takardun ƙa'ida na hukumomi, an ba shi lamba, an kuma auna ƙarfinsa.

Sukar allura da lambobinta

Ƙa'idar duniya mai suna ISO 4915 ta kasa sukar allura gida shida, daga ajin 100 zuwa 600. Ajin 200 na ɗinkin hannu ne. Wanda ya fi shafar tela shi ne 301, wato ɗinkin keke na yau da kullum, inda zaren sama da zaren bobin ke sarƙewa a tsakiyar yadi. Shi ne irin da Elias Howe ya yi wa rajista a Amurka a 1846, kuma shi keken Butterfly da Singer da manyan kekunan Juki ke yi. Lamba 504 ita ce wibin mai zare uku da ake bi bakin yadi da shi don kada ya zazzage, 516 kuma mai zare biyar ce, tana haɗawa tana tsare baki a tafiya ɗaya.

Bambancinsu ya fi fitowa a cin zare. Ɗinkin 301 yana cin kimanin mita biyu da rabi na zare a kowace mita ɗaya ta ɗinki, wibin mai zare uku kuwa kimanin mita 14. Ke nan layin mita 10 zai ci mita 25 a keke, amma wajen 140 a injin wibin, shi ya sa ake ɗora masa manyan dunƙulen zare. Haka kuma 301 ba ya miƙewa sosai. In aka ɗinka yadi mai talewa da shi, zaren zai tsinke tun yadin bai gaji ba, don haka irin wannan yadi sai zigizag ko wibin.

Ƙarfin haɗi

Abu huɗu ke riƙe haɗi: zare, allura, yawan suka, da rarar yadin da aka bari bayan layin.

Masana'antun zare suna ƙiyasta ƙarfin ɗinkin 301 da lissafi mai sauƙi: yawan suka a inci ɗaya, sau ƙarfin zaren, sau 1.5. A ɗauka zare yana tsinkewa a nauyin kilo ɗaya. Suka 12 a inci za ta ba da kilo 18, suka 7 kuma kilo 10 da rabi kacal. Wannan lissafin ne ke bayyana abin da ke faruwa a goman ƙarshe na azumi, lokacin da ɗinki ya yi wa shaguna yawa a kasuwar Wunti ta Bauchi ko babbar kasuwar Gombe: ana buɗe tsawon suka don keke ya yi sauri, kaftani ya fito da kyau a ido, amma hammatarsa ba ta kai Babbar Sallah. Suka 10 zuwa 12 a inci ta dace da atamfa da yawancin yadin maza. Matse ta fiye da kima ma ɓarna ce, musamman a shadda mai maiƙo, domin hudar allura ba ta rufewa a jikinta, kuma huda kusa da kusa tana yanka zaren saƙar har yadin ya yage a kan layin ɗinkin kansa. Saboda haka ba a warware ɗinki a shadda a sake shi ba tare da sawu ya zauna ba.

Allura tana da lamba biyu, kamar 90/14. Ta farkon kaurinta ne: 90 na nufin milimita 0.9. Ana sa 70/10 ko 80/12 ga boyel da sauran yadi marasa kauri, 90/14 ga atamfa da shadda, 100/16 ko 110/18 ga kaki da jins. Allurar keken gida gindinta a shafe yake ta gefe ɗaya, ta babban keke kuwa, wadda ake kira DBx1, zagaye take, ba a musanya su. A kowane keke dogon kwarin da ke jikin allura yana fuskantar ɓangaren da zare ke shigowa. In aka juya shi, keke zai riƙa tsallake ko ya ƙi kama zaren ƙasa ɗungurungum.

Rarar da littattafai suka fi bayarwa santimita 1.5 ce. Ƙasa da santimita ɗaya a yadi mai zazzagewa, kamar leshi ko lilin, zaren saƙar ne ke zamewa ya bar ɗinkin a tsaye, zare bai tsinke ba amma riga ta buɗe.

Yadda ake haɗawa

Haɗin da aka fi yi shi ne a kifa fuska kan fuska, a ɗinke, a bi baki da wibin, a buɗe da dutsen guga. Inda babu injin wibin, ko yadin shara-shara ne har ana hango ciki, akwai wanda littattafai ke kira ɗinkin Faransa. Ana haɗa baya da baya a ɗinke a rabin santimita, a rage bakin da almakashi zuwa milimita 3, a juya, a goge, sannan a sake ɗinkewa a santimita ɗaya, sai bakin ya shige ciki ya ɓuya. Kuskuren da aka fi yi shi ne ƙin rage bakin, sai gashin yadi ya leƙo ta fuskar riga. Bai kuma dace da wurin lanƙwasa kamar zagayen hannu ba.

Mafi ƙarfi shi ne kwantaccen haɗi, irin na gefen jins da rigar makaranta. A ɗinke a santimita 1.5, a rage ɓangare ɗaya zuwa rabin santimita, a naɗe shi da ɗayan, a kwantar, a bi da layi na biyu. Layi biyu ke raba nauyi, kuma babu bakin da zai goge fata. Tsohuwar babbar riga ta saƙi ba ta buƙaci ko ɗaya daga cikin waɗannan ba a tsawonta, domin kowane siririn saƙa yana fitowa daga masaƙa da tsararren baki, sai a jera su gefe da gefe a gama da hannu.

Matsalolin keke

In zare ya cukurkuɗe a ƙarƙashin yadi, laifin zaren sama ne: ya yi sako-sako, ko bai shiga tsakanin fayafayan da ke matse shi ba, abin da ke faruwa in aka zura zare ƙafar da ke danne yadi tana ƙasa. Sabon ɗan koyo yakan garzaya ya taɓa kusar gidan bobin, ya ƙara dagula lamarin. In zaren bobin ne ya leƙo sama, na sama ya matse da yawa. Tattarewar layi kuwa tana zuwa daga matsin zare, ko dakusasshiyar allura, ko kuma haƙoran keke suna jan ƙyallen ƙasa fiye da na sama. A lokacin hunturu ƙura da gashin yadi kan daskare da mai a ƙarƙashin haƙoran, suka ta riƙa gajarcewa. Sai a cire farantin, a share, a ɗiga man keke, ba man gyaɗa ba, wanda ke yin danƙo.

Littattafai da takardun hukuma

Rubuce-rubucen wannan fanni iri biyu ne. Akwai na koyarwa masu zane, waɗanda fitaccensu shi ne kundin aikin allura na Thérèse de Dillmont da ya fito a 1886. Akwai kuma na gwamnatoci, waɗanda buƙatar sayen kaya da yawa ta haifar, domin mai ba da kwangilar kakin soja yana son ya rubuta irin ɗinkin da yake nufi ba tare da gardama ba. Ƙa'idar gwamnatin Amurka mai lamba 751 ta yi wannan aiki, daga baya ƙa'idar D6193 ta ƙungiyar tsara ƙa'idoji ta ASTM ta gaje ta, ISO 4916 kuma ta tsara ire-iren haɗi. A Nijeriya hukumar kula da ingancin kaya ta SON ce ke wakiltar ƙasa a ISO, wato ƙungiyar tsara ƙa'idoji ta duniya, hukumar ilimin fasaha ta NBTE da aka kafa a 1977 tana tsara manhajar kwalejojin fasaha, hukumar NABTEB kuma tana shirya jarrabawar sana'o'i, har da ɗinki. Aikin wuya na Hausa, su aska biyu da aska takwas da tambari, David Heathcote ya yi nazarinsa a Jami'ar Ahmadu Bello ta Zariya a shekarun 1970.

Mai amfani da waɗannan takardu a Bauchi ko Gombe sai ya tace. Bayanin suka da allura da zare yana aiki ko'ina, amma jadawalin awon jiki ba haka yake ba. Sashen tattalin gida na Ma'aikatar Gona ta Amurka ya buga sakamakon awon mata kusan 15,000 a 1941 ƙarƙashin Ruth O'Brien, a kansa aka gina lambobin girman tufafi na can, kuma fararen mata ne aka yi lissafin da su. Tsarin yanka na littattafan ma na tufa mai kama jiki ne, alhali kaftani da babbar riga da buba suna son sakewa a ƙirji da hammata don ruku'u da sujada da zama a tabarma. Don haka tela a nan yakan ɗauki awon kowane mutum da tef, kafaɗa, ƙirji, hannu, wuya da tsawo, ya ƙara sakin da irin rigar ke buƙata kafin ya sa rarar haɗi.