Marlene Dietrich, jarumar da ta ƙi amsa kiran gwamnatin Hitler

Wai wace ce ita?

'Yar Berlin ce, an haife ta ranar 27 ga Disamba 1901. Babanta ɗan sanda ne, ya rasu tun tana ƙarama. Da farko ma ba wasan kwaikwayo ta sa a gaba ba, gogen Turawa take koyo da gaske, sai ciwon wuyan hannu ya kawo mata cikas, shi ne ta faɗa wasan dandamali, yau tana cikin 'yan rawa gobe a ba ta ɗan fitowa a fim ɗin da babu murya, haka ta yi ta fama shekaru babu wanda ya san da zamanta sosai. A 1923 ta auri Rudolf Sieber, suka haifi 'ya ɗaya.

To yaushe tauraruwarta ta haska?

A 1930. Darakta Josef von Sternberg ya ganta a kan dandamali a Berlin ya ce ita yake so a fim ɗinsa Der blaue Engel, ta fito a Lola Lola, mawaƙiyar gidan rawa da ta susuta wani malamin makaranta har ya zama abin tausayi. Emil Jannings ne babban jarumin fim ɗin amma ita aka yi ta magana a kai. Nan da nan kamfanin Paramount ya ɗauke ta sai Amurka. Fim bakwai suka yi da Sternberg, kuma mutumin ya iya haska fitila, daga sama yake sako mata hasken yadda ƙashin kumatunta zai fito, fuskar da duniya ta sani ke nan.

Da gaske ne tana sa kayan maza?

Ƙwarai kuwa. A fim ɗin Morocco ta fito da kwat da wando da doguwar hula ta maza, lokacin da mace ta sa wando a bainar jama'a abin surutu ne ko a Turai. A wannan fim ne kaɗai aka taɓa sa sunanta cikin masu takarar Oscar, kuma ba ta ci ba.

Me ya haɗa ta da 'yan Nazi, wato jam'iyyar Hitler?

Nan ne labarin yake. Bayan sun karɓi mulki a 1933 masu fim da yawa sun gudu musamman Yahudawa, su kuma suna neman babbar jaruma da za su yi taƙama da ita, suka aika mata da tayin kuɗi masu kauri ta dawo gida. Ta ce a kai kasuwa. Ba ta tsaya nan ba, a 1939 ta zama 'yar Amurka, ta riƙa taimaka wa waɗanda suka tsero, sannan a 1944 da 1945 ta sa kakin soja ta bi sojojin Amurka tana musu waƙa a Aljeriya da Italiya da Faransa har cikin Jamus, wani lokaci kusa da bakin daga cikin sanyi da laka. Ku tuna fa duk wannan lokacin mahaifiyarta na zaune a Berlin, garin da ake yi wa ruwan bama-bamai. Ni dai a ganina wannan ya fi duk finafinanta nauyi. Amurka ta ba ta lambar girma a 1947.

Jamusawa sun yi alfahari da ita ke nan?

Ina! Da ta koma Jamus yin wasa a 1960 wasu sun fito da kwalaye suna cewa ta koma inda ta fito, maciya amana ce a wurinsu. Magajin garin Berlin ta Yamma, Willy Brandt, shi kam ya tarbe ta hannu bibbiyu, kuma a cikin zaure an tafa mata sosai, amma abin ya tsaya mata a rai.

Ita ma dai ba a rasa ta da nata ba. Yayarta Elisabeth da mijinta sun riƙe gidan sinima na sojojin Jamus a kusa da Bergen-Belsen, sansanin da 'yan Nazi suka tsare mutane dubbai suka mutu a ciki, daga baya Marlene ta riƙa nunawa kamar ba ta da 'yar'uwa kwata-kwata.

Ya ƙarshenta ya kasance?

Tun 1953 ta fi mai da hankali ga waƙa a dandamali, ta fara daga Las Vegas ta zaga duniya, har sai da ta faɗi ta karye a cinya a Sydney a 1975. Daga baya ta kulle kanta a gidanta na Paris, sai dai waya da wasiƙa. Da ɗan fim Maximilian Schell ya zo yin fim kan rayuwarta muryarta kawai ta yarda ya ɗauka, ta hana kyamara ganin fuskarta. Ta rasu ranar 6 ga Mayu 1992 tana da shekara 90, aka kai gawarta Berlin aka binne ta kusa da mahaifiyarta, kuma sai a 2002 birnin ya ba ta matsayin 'yar gari ta girmamawa.