Ƙauyen da sauro ya tayar: kira ga manoman fadama

'Yan uwa manoma, kafin a sa injin ban-ruwa a bana, ga labarin wani ƙauye.

A 1878 wasu Yahudawa masu riƙon addini suka baro Ƙudus, zamanin mulkin Turkawa, suna son su ci guminsu ta hanyar noma maimakon jiran sadakar da ake aiko musu daga Turai. Cikin jagororinsu akwai Yoel Moshe Salomon da Yehoshua Stampfer. Suka sayi fili kusa da ƙauyen Larabawa na Mulabbis, dab da kogin Yarkon, suka raɗa wa wurin suna Petah Tikva, wato ƙofar fata. Ƙasa ce mai albarka, ga ruwa ko'ina. To, ruwan nan shi ya zame musu masifa. Zazzaɓi ya yi ta kwantar da su gida-gida, wasu suka mutu, kafin shekara uku ƙauye ya watse. Sai 1883 aka dawo, daga baya attajiri Edmond de Rothschild ya taimaka da kuɗi, aka haƙa magudanai, aka dasa itatuwan turare don su shanye ruwan.

Abin da ya fi ba ni tausayi shi ne ba su san abokin gabarsu ba. A zatonsu iskar fadama ce ke da guba. Sai 1897 wani likita ɗan Birtaniya, Ronald Ross, ya gano cewa sauro ne ke ɗauke da cutar. Kuma itatuwan kaɗai ba su kashe wutar ba. A shekarun 1920 wani masani, Israel Kligler, ya sauya salon yaƙi da sauro a ƙasar Falasɗinu, inda ƙauyen yake: a bi kowane kududdufi a nemi tsutsar sauro, a buɗe lambatun da ya toshe, a zuba ƙananan kifaye masu cin tsutsar, a koya wa manomi, Balarabe da Bayahude, ya riƙa duba gonarsa da kansa, ba tsayawa. Yau Petah Tikva babban birni ne.

Mu mun san abin da su ba su sani ba, amma har yanzu ina zuwa lambu in tarar da ramin da aka ɗebi ƙasar bulo cike da ruwa, bayan bukkar da yara ke kwana. Ɗauki farin kofi ka kamfaci ruwan gefen ramin, ka tsaya ka duba. Idan ka ga 'yan tsutsotsi kwance a saman ruwan suna wutsil-wutsil, da zafin nan namu kwana goma ya ishe su su zama sauro. Cike ramin, ko ka yanka masa hanya. Ka yashe magudana duk mako don kada ruwa ya kwanta. Mai gadin lambu ya tafi da gidan sauro mai magani, domin wannan sauron da dare yake cizo.

Yaron da jikinsa ya yi zafi kuwa, a kai shi asibiti a yi gwajin jini ran nan, kada a bari sai an gama cire tumatir.