Sunayen Hausawan Sudan

Sunayen Hausawan Sudan daga tushe uku suke: sunayen Musulunci da suka shigo ta Larabci, laƙuban gida da kakanni suka taho da su daga ƙasar Hausa, da waɗanda aka ara wurin Larabawan da ake maƙwabtaka da su. Yawancin waɗannan Hausawa jikokin mahajjata ne da suka bi hanyar ƙasa ta Borno, Wadai da Darfur, wasu suka yada zango kafin su kai Makka, wasu bayan sun sauke farali. Ayarin da ya fi shahara shi ne na Fulani da Hausawa mabiyan Sarkin Musulmi Attahiru na Ɗaya, wanda sojojin Ingila suka kashe a Burmi a 1903. Ɗansa Muhammadu Bello Mai Wurno ya ci gaba da hijira har gaɓar Shuɗin Nilu kusa da Sinnar, kuma garin da suka kafa laƙabinsa yake amsawa har yau. Shirin noman auduga na yankin Jazira, tsakanin Farin Nilu da Shuɗin Nilu, da aka buɗe a 1925, ya ƙara jawo wasu.

Sunan yanka

Ana raɗa shi ranar bakwai da haihuwa tare da yanka rago, bikin da mutanen Sudan ke kira simaya. Kusan kullum sunan Annabi ne ko na sahabi ko na iyalan gidan Manzo. Muhammad na nufin wanda ake yawan yabo, A'isha mai rai, Faɗima daga kalmar yaye take, Khadija kuwa a asalin lugga yarinyar da aka haifa bakwaini ce. Bakr da ke cikin Abubakar matashin raƙumi ne. Wasu sunayen sun girmi shigarsu Larabci: a Ibrananci Ishaƙ na nufin ya yi dariya, Isma'il Allah ya ji, Yusuf kuma Allah ya ƙara.

Waɗannan sunaye sun yi tafiya yamma tun ƙarnoni, bakin Bahaushe ya sarrafa su, sannan mahajjata suka komo da su gabas a sabuwar kama. Abdullahi ya zama Audu, Ibrahim Iro, Khadija Dije ko Hadiza, A'isha Indo, Faɗima Binta. Abubakar ya fi kowa yawan riguna: Garba ko Habu a Hausa, Buba a bakin Fulani, Bukar a Borno, ya iso Sudan ya tarar su ma sun mai da shi Babikir. Garba da Babikir takwarori ne, ko da kunne bai nuna haka ba. Usman kuwa Bahaushe kan sakaya shi da Shehu don girmama Ɗan Fodiyo, abin da Balarabe zai ɗauka muƙamin malanta ne.

Akwai kuma jerin Auwal, Sani, Salisu, Rabi'u, Hamisu har zuwa Ashiru. Lambobin Larabci ne zalla, na ɗaya zuwa na goma, da ake bambance 'ya'ya maza da su idan duk an sa musu Muhammadu. Kalmomin na Larabawa ne, amma jera 'ya'ya da su haka al'adar Afirka ta Yamma ce, shi ya sa Salisu kan tona asalin mai shi tun kafin ya buɗe baki.

Laƙuban gida

Sunayen rana su ma daga Larabci saiwarsu take, tunda ranakun mako na Hausa aro ne: Ladi da Ɗanladi, Altine, Talatu, Larai, Lami da Ɗanlami, Jummai da Ɗanjuma, Asabe. Larabawan Sudan suna da Khamis da Juma'a, don haka nan ba a sha wahalar fahimtar juna ba. Na Laraba ne ke da ban dariya, domin yaron da aka haifa ranar sunansa Balarabe, ko da a tsakiyar garin Gadarif na gabashin Sudan aka binne cibiyarsa. Sauran laƙuban, irin su Tanko mai bin mata, Kande mai bin maza, Gambo mai bin tagwaye da Auta, Hausa ce tsantsa. Ba su cika shiga takarda ba, domin hukuma suna huɗu take rubutawa a jere da haruffan Larabci: na mutum, na uba, na kaka da na kakan uba. Haruffan kuma ba su da ɗ, ƙ, ɓ ko ts irin na boko.

Inda al'adun biyu suka fi yin hannun riga shi ne ɗan fari. Balarabe yana alfahari a kira shi Abu wane, matarsa Ummu wane, wannan salon kira shi ake ce wa "kunya" a Larabci, inda Hausa ta samo kalmar alkunya. Bahaushiya kuwa kunya irin tata ce ke hana ta ambaton sunan ɗanta na fari, haka sunan miji da na suruki, shi ya sa yaro mai sunan kakansa kan tashi da Abba ko Baba.

Sunan da wasu suka sa

Mutanen Sudan kan haɗa Hausawa, Fulani da Barebari su kira su Fallata, kalmar da asalinta Fulani kaɗai take nufi a bakin Barebari. Tsohon suna shi ne Takarir, daga daular Takrur ta kogin Senegal, kuma daga nan Hausa ta sami takari. Mawaƙiya A'isha Musa Ahmad, wadda ta yi fice a Rediyon Omdurman, ta rera da Larabci da Hausa, ta rasu a 1974, da sunan A'isha al-Fallatiya duk Sudan ta san ta.